Fina-finan leƙen asiri da darasin takardun jabu na uraniyom

A Ibohaman, kamar a Keita da Buza da Madawa, kallon silima ya daɗe da barin hannun mazauna manyan birane. A ƙarshen shekarun 1970, da gidan talabijin na ƙasa ya fara aiki, hukuma ta rarraba akwatunan kallo cikin garuruwa da ƙauyuka, jama'a su kan taru da dare gaban akwati guda. Daga baya gidajen kallon bidiyo suka zo. Yau kuwa wayar hannu ta ɗauke aikin duka: saurayi ya kai katin wayarsa wurin mai caji a kasuwa, a zuba masa fina-finai da kuɗi kaɗan, waɗansu ma an riga an juya su da Hausa a Kano. Ƴan ci-rani masu komowa daga Abijan da Legas da Libiya su ma su kan zo da nasu.

Cikin abin da matasa ke kallo akwai wani iri da ya yi ƙarfi. Shi ne fim ɗin da a ke nuna hukumomin leƙen asiri, da manyan fataken hodar iblis, da shugabanni masu ƙulla maƙarƙashiya a ɓoye. Labarin kusan kullum ɗaya ne. Wani jami'i ya gano cewa manyansa suna cin amanar ƙasa, aka tasam masa za a kashe shi, ya tsira da kyar, daga ƙarshe ya tona asiri. Ya kamata a tsaya a duba abin da mai kallo ke ɗauka daga irin wannan labari, domin Nijar ba baƙuwa ba ce a cikinsa. An taɓa sa sunanta cikin wata ƙarya da aka shirya a ƙasar waje, ƙaryar da ta shiga cikin hujjojin yaƙin da ya ci rayukan dubban ɗaruruwan mutane, har aka yi fim a kanta.

Kwaikwayon jarumin silima tsohon abu ne

Masu shirya silima na Nijar sun riga kowa lura da ƙarfin fim a zuciyar saurayi. Cikin fim ɗin Moi, un noir, wanda Jean Rouch ya fitar a 1958, an nuna samarin Nijar masu aikin ƙarfi a unguwar Treichville ta Abijan, kowannensu ya ari sunan wani ɗan wasan silima. Oumarou Ganda ya zama Edward G. Robinson, abokinsa kuma ya zama Eddie Constantine, wanda ya yi suna wajen fitowa a matsayin ɗan sandan asirin Amurka. Da rana suna dako a tashar jirgin ruwa, da dare suna mafarkin zama jarumai.

A 1966 Moustapha Alassane ya ƙara fito da abin fili cikin Le Retour d'un aventurier. Wani saurayi ya komo gida daga Amurka da akwati cike da tufafin kaboyi da bindigogi, ya raba wa abokansa. Wasa ya zama gaske: suka shiga sata da faɗa, suka raina dattawa, gari ya rikice. Abin da Alassane ya nuna yana nan daram, tufafin ne kawai suka canja. Saurayin da ya kalli labarin Pablo Escobar, babban ɗan fataucin hodar iblis na Kwalambiya, cikin jerin Narcos da aka fara a 2015, ya fi tuna gidajensa da motocinsa bisa ga yadda aka harbe shi a kan rufin wani gida a Medelin cikin Disamban 1993.

Gaskiyar da ke ciki

Kuskure ne a ce fina-finan nan tatsuniya ce zalla. Mafi kyawunsu daga tarihi aka ɗebo su. Fim ɗin Z na Costa-Gavras, wanda aka ɗauka a birnin Aljas aka fitar a 1969, ya dogara ne kan kisan ɗan majalisar Girka Grigoris Lambrakis a 1963, kisan da manyan jandarmomi suka so su mai da shi haɗarin mota. L'Attentat na Yves Boisset, na 1972, ya bi sawun sace Mehdi Ben Barka, jagoran adawar Maroko, wanda aka ɗauke a tsakiyar birnin Paris ran 29 ga Oktoba 1965, ba a sake ganinsa ba. All the President's Men na 1976 labarin ƴan jarida biyu ne da suka bi diddigin abin kunyar Watergate, wanda ya kai shugaba Nixon ga murabus a watan Agusta 1974.

Haɗin hukumar asiri da fataken ƙwaya ma ba ƙirƙirar masu silima ba ne. A 1986 aka gano cewa manyan jami'an gwamnatin Reagan sun sayar wa Iran makamai a ɓoye, suka karkata ribar zuwa ga ƴan tawayen Kwantara masu yaƙar gwamnatin Nikaragwa. A 1989 wani kwamitin majalisar dattawan Amurka, a ƙarƙashin John Kerry, ya tabbatar cewa cikin masu taimakon ƴan tawayen akwai fataken hodar iblis, kuma jami'an Amurka sun san da haka. Janar Manuel Noriega na Panama ya shekara da shekaru yana karɓar kuɗi daga hukumar leƙen asirin Amurka, watau CIA, kafin sojojin Amurka su mamaye ƙasarsa a Disamban 1989, kotu kuma ta ɗaure shi a 1992 bisa laifin fataucin ƙwaya. Ɗan jarida Gary Webb ya sake tono zancen Kwantara a 1996, manyan jaridu suka taru a kansa, aikinsa ya lalace. A 1998 babban mai binciken CIA da kansa ya amsa cewa hukumar ba ta yanke hulɗa da waɗansu da a ke zargi da fataucin ba. Labarin Webb shi ne fim ɗin Kill the Messenger na 2014.

Akwai abin lura guda a nan. Jarumin Z alƙalin bincike ne, makaminsa tambaya da kundin shari'a. Jaruman Watergate littafin rubutu suka riƙe. Amma fina-finan da suka fi yawo a wayoyi, irin Clear and Present Danger na 1994 da Sicario na 2015, sun mai da hankali ga harbi da jirage masu saukar ungulu. Mai kallo ya kan tashi da tunanin cewa bindiga ce ke tona asiri. Abin da ya faru da sunan Nijar ya nuna akasin haka.

Takardun da suka fito daga Roma

Mutanen gundumar Keita sun san Italiya da alheri, domin ita ce ta ba da kuɗin babban aikin raya karkara da aka fara a 1984, wanda ya haɗa har da ƙasar Ibohaman, inda mata suka ɗauki mafi yawan aikin jera duwatsu da dashen itatuwa. A babban birnin wannan ƙasa, watau Roma, aka fara ƙulla ƙaryar uraniyom. A farkon Janairun 2001 ɓarayi suka fasa ofishin jakadancin Nijar da ke can. Cikin abin da aka ce sun ɗauka akwai takardu masu ɗauke da tambarin ƙasa da hatimin ofis. Ba da daɗewa ba wani ɗan Italiya mai sayar da labaran asiri, Rocco Martino, ya shiga yawo da waɗansu wasiƙu da ke nuna wai Nijar ta amince za ta sayar wa Irakin Saddam Husaini tan 500 na garin uraniyom.

Kowace ƙarya mai tafiya nesa tana da ɗan ƙwayar gaskiya a cikinta. Iraki ta taɓa sayen uraniyom daga Nijar a 1981 da 1982. Haka kuma jakadanta a fadar Fafaroma, Wissam al-Zahawie, ya kawo ziyara Yamai a Fabrairun 1999, ya gana da shugaba Ibrahim Bare Mainasara. A kan waɗannan abubuwa biyu masu jabun suka gina sauran.

Labarin ya isa Washinton, ofishin mataimakin shugaban ƙasa Dick Cheney ya nemi ƙarin bayani. Sai CIA ta aiko tsohon jakada Joseph Wilson, wanda ya fara aikin jakadanci a Yamai tsakanin 1976 da 1978. Ya sauka a ƙarshen Fabrairun 2002, ya yi kwana takwas yana ganawa da tsofaffin ministoci da masu harakar ma'adinai. Abin da ya gano duk wani ma'aikacin ofishin ma'adinai zai iya gaya masa. Kamfanoni biyu ne ke haƙo uraniyom a lokacin, SOMAÏR a Arlit da COMINAK a Akuta. Kamfanin Faransa COGEMA ne ke jan ragamarsu, masu saye kuma sanannu ne, da yarjejeniya a rubuce. Abin da ƙasar ke fitarwa a shekara bai wuce kimanin tan 3.000 ba, saboda haka tan 500 kashi ɗaya ne cikin shida. Kayan kuwa cikin durom-durom a ke ɗora su, su biyo hanyar uraniyom daga Arlit zuwa Agadas da Abalak da Tawa, da rakiyar jami'an tsaro, kafin su nufi tashar ruwan Kwatano. In mota guda tana ɗaukar tan 25, a na bukatar manyan motoci 20. Mutanen Adar da ke zaune kusa da wannan hanya sun san ayarin da ya kai haka ba ya wucewa a ɓoye. Wilson ya koma ya ce da wuya ƙwarai a ce an yi cinikin.

Duk da haka zancen bai mutu ba. A Oktoban 2002 wata ƴar jaridar Italiya ta miƙa kwafin takardun ga ofishin jakadancin Amurka a Roma. Ran 19 ga Disamba ma'aikatar harakokin wajen Amurka ta ambaci Nijar da suna. Gwamnatin Nijar ta musanta, amma muryarta ba ta kai inda ta masu zargi ta kai ba. Ran 28 ga Janairu 2003 shugaba George Bush ya tsaya gaban majalisa ya ce gwamnatin Ingila ta samu labarin Saddam ya nemi uraniyom mai yawa daga Afirka.

Yadda asirin ya tonu

A watan Fabrairun 2003 aka miƙa takardun ga hukumar kula da makamashin nukiliya ta duniya, mai mazauni a Biyana. Ma'aikatanta ba su yi harbi ba, ba su bi kowa da mota ba. Zama suka yi suka karanta, suka gwada kwanan wata da sunaye, cikin ɗan lokaci kaɗan suka ga ɓarakar. Wata wasiƙa mai kwanan watan Oktoba 2000 tana ɗauke da sa hannun Allele Elhadj Habibou a matsayin ministan harakokin waje, alhali ya bar wannan kujera tun 1989. Ministan lokacin Nassirou Sabo ne. Kan takardar kuma na majalisar ƙoli ta soja ne, wadda aka rushe tun 1989. Wata wasiƙar da aka jingina ga shugaba Tandja Mamadou ta kafa hujja da wani tsarin mulkin da ba shi ke aiki ba, domin ƙasar tana ƙarƙashin na 1999 ne. Ran 7 ga Maris 2003 shugaban hukumar, Mohamed ElBaradei, ya shaida wa kwamitin tsaro na Majalisar Ɗinkin Duniya cewa takardun ba na gaskiya ba ne. Ran 20 ga Maris aka fara yaƙin Iraki.

Duk sakataren ofishin gunduma da ya yi aiki zamanin mulkin soja, da an nuna masa takardun nan, da ya gane su tun kallon farko. Ya san wane minista ya zo, wane ya tafi, ya san shekarar da aka canja kan takardun gwamnati. Manyan hukumomi masu taurarin ɗan Adam da kasafin miliyoyin daloli sun bar ƙaryar ta yi ta yawo fiye da shekara guda, domin waɗanda ke sama suna son ta zama gaskiya. Ramin ƙarya ƙurarre ne, amma sai an samu mai leƙawa a ke ganin ƙarshensa.

Ran 6 ga Yuli 2003 Wilson ya rubuta a jaridar New York Times abin da ya gani a Yamai. Bayan kwana takwas wani marubucin jarida, Robert Novak, ya bayyana cewa matarsa Valerie Plame jami'ar asirin CIA ce, aikinta ya ƙare ke nan. Fadar shugaban ƙasa ta amsa cewa bai kamata zancen uraniyom ya shiga jawabin ba. A 2004 ayarin binciken da Amurka ta tura Iraki ya ce bai samu shaidar cewa ƙasar ta nemi uraniyom a waje bayan 1991 ba. A 2007 kotu ta samu Lewis Libby, shugaban ma'aikatan Cheney, da laifin rantsuwar ƙarya da hana shari'a aikinta, aka yanke masa wata 30. Bush ya ɗauke masa zaman kurkuku, shugaba Trump kuma ya yafe masa gaba ɗaya a 2018. Wannan shi ne labarin fim ɗin Fair Game na Doug Liman, wanda ya fito a 2010, Sean Penn ya zama Wilson, Naomi Watts ta zama matarsa.

Abin da fim ya bari a baya

Fair Game fim ne mai kyau, ya kuma cancanci ƴan Nijar su kalle shi. Amma mai kallo zai lura cewa Nijar minti kaɗan ta samu a cikinsa: zafi, ƙura, baƙo yana tambaya. Sauran duka rikicin Washinton ne da halin da auren mutum biyu ya shiga. Ba a tsaya kan ƙasar da aka ɓata wa suna ba, ƙasar da a wancan lokaci uraniyom ne babban abin da ta ke sayarwa a waje, wadda zargin karya takunkumin Majalisar Ɗinkin Duniya zai iya jawo mata babbar hasara. Ba a tsaya kan masu karatun Biyana ba, domin mutum zaune yana gwada kwanan wata ba ya jan ƴan kallo.

Fim ɗin ya kuma daidaita abin da ke da karkata. Ya ɗora nauyin tona sunan Plame bisa ofishin Cheney, alhali Richard Armitage, mataimakin ministan harakokin waje, ya amsa a 2006 cewa shi ne ya fara gaya wa Novak. Har ila yau, rahoton Wilson ya ƙunshi bayanin tsohon firaminista Ibrahim Assane Mayaki cewa a 1999 an nemi ya gana da wakilan Iraki kan faɗaɗa ciniki, kuma waɗansu masu nazari a CIA sun ɗauki wannan a matsayin ƙarin hujja gare su. Mai shirya fim yana da sa'a biyu, dole ya zaɓi mugu guda da jarumi guda. Tarihi ba ya zaɓa haka.

Fataucin ƙwaya a Sahel

Ɓangare na biyu na fina-finan, watau fataucin miyagun ƙwayoyi, shi ma ya iso ƙofar gida. A Nuwamban 2009 aka tarar da ƙonannen jirgin sama ƙirar Boeing 727 a hamada kusa da Tarkint, arewa da Gao a Mali. Daga Benezuwela ya taso, masu bincike kuma suka ce hodar iblis ya kawo. A Afrilun 2013 jami'an yaƙi da ƙwaya na Amurka suka yi shigar fatake, suka yaudari tsohon shugaban sojan ruwan Gine-Bisau, Bubo Na Tchuto, suka kama shi a teku, aka yi masa shari'a a Niyok. A Maris 2021 ofishin yaƙi da fataucin ƙwayoyi na Nijar, OCRTIS, ya kama tan 17 na ƙullin tabar wiwi a wani ɗakin ajiya a Yamai. Daga Labanan kayan suka taso, suka sauka a tashar ruwan Lome, a na nufin kai su Libiya. A Janairun 2022 aka kama kilo 214 na hodar iblis cikin motar magajin garin Fashi, a kan hanyar Agadas zuwa Dirku. Ofishin Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da ƙwayoyi da manyan laifuka ya ce hodar iblis da a ke kamawa a ƙasashen Sahel ta tashi daga kimanin kilo 13 a shekara, tsakanin 2015 da 2020, zuwa kilo 1.466 a 2022.

In an duba kamun nan da kyau, za a ga abin da fatake suka fi bukata a wannan yanki shi ne takarda da mutunci: takardar duwan da ta ce kayan halal ne, hatimin da aka buga ba tare da buɗe kaya ba, motar hukuma da jandarma ke jin nauyin tsayarwa. Tan 17 ba ya tafiya daga Lome zuwa Yamai sai da takardu. Watau makamin ɗan fataucin da na mai jabun Roma iri ɗaya ne.

Ƙwayar da ta fi cin matasan Adar kuwa ba a yi mata fim a Amurka ba. Ita ce tiramol. Maganin ciwo ne da likita ke rubutawa da awo, amma wanda a ke shigowa da shi ta ɓarauniyar hanya, mafi yawa daga masana'antun Indiya ta tashoshin ruwan gaɓar teku, ya kan kai miligiram 200 ko 225 a ƙwaya guda, ya ninka na asibiti. Ɗan kabu-kabu na sha don ya jure, mai aikin albasa da ɗan dako da mai haƙar zinariya haka. Ƙarshensa farfaɗiya, da haɗarin babur, da saurayin da ba ya iya ɗaga hauya sai ya haɗiya. A kan teburin mai talla a ke sayar da ita ranar kasuwa, kowa na gani. Dokar 1999 ta yaƙi da miyagun ƙwayoyi tana nan. Wanda ya saba ganin fataucin ƙwaya a matsayin yaƙin jirage da manyan bindigogi, da wuya ya gane cewa teburin nan shi ne reshen da ya shafe shi.

Asiri a cikin gida

Kowace ƙasa tana bukatar masu tattara labarin tsaro, balle ƙasar da ke fama da ƴan ta'adda a kan iyakokinta. Haɗarin yana zuwa ne idan ofishin asiri ya zama ba mai duba shi. Nijar ta ɗanɗana wannan. A daren 5 zuwa 6 ga Oktoba 1983, lokacin da shugaba Seyni Kountché ke taron Faransa da Afirka a Vittel, aka yi yunƙurin kifar da shi. Jagoran yunƙurin, Amadou Oumarou da a ke kira Bonkano, shi ne mai ba shi shawara kan tsaro, mutumin da harakar asirin ƙasa ke hannunsa. Sojoji masu biyayya suka murƙushe abin, shi kuma ya tsere waje. Wanda aka ba tsaron ƙofa shi ya fi kowa sanin inda sakata ta ke.

Haka nan, a Satumban 2018 jama'a da yawa daga jaridar New York Times suka fara jin cewa CIA ta kafa sansanin jirage marasa matuƙi a Dirku. Sojojin Faransa sun bar ƙasar a Disamban 2023, na Amurka kuma suka kammala ficewa a Satumban 2024. A 2025 gwamnati ta mai da SOMAÏR mallakar ƙasa. Uraniyom ɗin da ya jawo ƙaryar 2002 yana nan ƙarƙashin ƙasa, masu kwaɗayinsa sun ƙaru, kuma duk inda dukiya irin wannan ta ke, labaran ƙarya ba za su daina zuwa ba, daga gabas ko daga yamma, daga waje ko daga ciki.

Aikin mai karatu da na ma'aikaci

Illa mafi girma da fina-finan nan ke iya yi ita ce su koya wa mutum cewa kome maƙarƙashiya ne. Mai irin wannan tunani ya kan ɗauka ya waye, alhali shi ya fi sauƙin yaudara, domin duk saƙon murya da ya shigo wayarsa yana cewa ga wani asiri da a ke ɓoyewa, zai karɓa ya tura gaba. Da irin wannan jita-jita aka dakatar da rigakafin shan inna a jihar Kano a 2003, cutar ta sake bazuwa zuwa ƙasashen da suka riga suka rabu da ita. Yarda da kome da ƙin yarda da kome duk hanyar hutu ce ga wanda ba ya son wahalar bincike.

Wanda ya fito ajin yaƙi da jahilci yana da makamin da ya fi wannan. Idan takarda ko saƙo ya zo, akwai tambayoyi huɗu da zai yi. Wa ya rubuta? Wace rana? Mai sa hannun yana kan kujerar a wannan rana? Wa zai ci riba in aka yarda? Da tambayoyin nan aka kayar da takardun Roma. Da su kuma manomin fadamar Ibohaman zai duba rasiɗin kuɗin ruwa, da takardar sayen gona, da kwalin maganin da aka kawo masa ba da sunan likita ba. Malaman karatun manya za su yi amfani in suka mai da irin waɗannan takardu abin darasi a aji, su kuma tattauna da matasa kan fim ɗin da suka kalla: ina gaskiya ta tsaya, ina ƙari ya fara.

Ma'aikacin hukuma kuwa nauyinsa ya fi haka. Hatimi da takarda mai tambarin ƙasa dukiyar jama'a ne, a kulle su kamar yadda a ke kulle kuɗi. Kowace wasiƙa ta samu lamba da kwanan wata cikin rajista, a kuma adana tsofaffin kundaye, domin ranar da aka yi wa ƙasa ƙazafi, kundin ajiya ne zai tsaya mata shaida. Jami'in duwan ya buɗe kaya kafin ya buga hatimi, jandarma ya duba motar babba kamar yadda ya ke duba ta talaka. Idan kuma jita-jita ta tashi, ofis ya fito da bayani da wuri, cikin harshen da jama'a ke ji, kafin mai ƙarya ya riga shi isa kasuwa.

Saura masu shirya fim. Ƙasar da ta haifi Oumarou Ganda da Moustapha Alassane da Djingarey Maïga tana da labaran da suka isa a ɗauka: fasa ofishin Roma, kwana takwas na baƙon Yamai, tafiyar tan 17 daga bakin teku, hanyar da ƙwayar tiramol ke bi daga masana'anta har teburin kasuwar ƙauye. In ƴan ƙasa suka ɗauke su da Hausa da Zabarmanci da Tamashek, mai kallo zai ga sakatare da malamin duwan da uwar yaron da ƙwaya ta lalata a tsakiyar labari, a wurin da silimar waje ta saba ajiye baƙo.